Dan Allah me ake nufi da "shadow banking", kuma ya za a faɗe shi da Hausa?

Ɗalibar_Tattali:

Assalamu alaikum 'yan uwa, dan Allah masu ilimin harkar kuɗi a cikinmu ku taimaka min, wata kalma ce ta tsaya min a wuya tun jiya. Ina karanta bayani ne akan rikicin tattalin arzikin duniya na 2008 saboda an ba ni aikin in taƙaita shi da Hausa, sai na yi ta cin karo da "shadow banking", kusan kowane shafi sai an ambace shi, wani wajen ma ana nuna kamar shine ummul haba'isin abin gaba ɗaya. Ni dai da na ga shadow sai raina ya ba ni harkar ɓoye ce, irin masu wanke kuɗin haram ko masu ba da bashi da ruwa babu lasisi, amma da na ci gaba sai na ga ana ta lissafa manya manyan kamfanonin zuba jari masu rajista da ofis da komai, toh ina ɓoyon yake kenan?

Abin da nake so in sani shine ainihin ma'anarsa, kuma laifi ne a doka ko kuwa, sannan wace kalma zan sa da Hausa. Na rubuta "bankin inuwa" amma da na karanta a fili sai na ji kamar sunan wani banki ne da ake talla a rediyo. Nagode.

Sarkin_Gardama:

Wa alaikumus salam. 'Yar uwa kar ki wahalar da kanki, bankin bayan fage ki sa kawai ki wuce. Duk wanda yake karɓar kuɗin mutane yana ba da bashi alhali shi ba banki bane ai ɗan bayan fage ne, Turawa ne dai da iya raɗa wa ɓarna suna mai daɗin ji. Da abin arziki ne da ba a kira shi inuwa ba.

Tsohon_Akanta:

Wa alaikumus salam. Malam Sarkin Gardama Allah ya huci zuciyarka, amma in ta sa bayan fage ta ɓatar da duk wanda zai karanta aikinta, domin da zarar Bahaushe ya ji bayan fage abin da zai zo masa a rai shine abin da hukuma ta hana ake yi a ɓoye, alhali mafi yawan waɗannan kamfanonin suna da lasisi, suna biyan haraji, akwai hukumomin da ke duba littattafansu, kawai dai ba dokar banki ce ke hawa kansu ba.

'Yar uwa bari mu fara da inda kalmar ta fito. Ba tsohuwa bace. Wani masanin tattalin arziki ne mai suna Paul McCulley, lokacin yana aiki da kamfanin zuba jari na PIMCO, ya fito da ita a 2007 a taron shekara shekara da reshen babban bankin Amurka na Kansas City ke shiryawa a Jackson Hole. A lokacin wutar ta fara ci, don a ranar 9 ga Agusta na wannan shekarar bankin BNP Paribas na Faransa ya dakatar da cire kuɗi daga wasu asusu guda uku nasa saboda an kasa sanin darajar takardun bashin gidajen Amurka da ke cikinsu. Shi McCulley yana nufin tarin wasu kamfanoni da asusu ne da suke yin aikin banki sak, amma ba su cikin rumfar da aka yi wa banki. Inuwar da yake nufi irin wadda ke bin mutum ce, siffarsu ɗaya, in ya ɗaga hannu ta ɗaga, amma ba shi bace.

Toh menene aikin bankin da ake kwaikwayo? In kin cire kanta da layi da katin cire kuɗi, abu ɗaya ne ya rage: banki yana karɓar kuɗin da mai shi zai iya zuwa ya ce a ba shi gobe da safe, shi kuma ya ɗauka ya ba wani bashi na shekara biyar ko ashirin. Wato ya ci bashi gajere ya ba da dogo. Wannan sana'a tun asalinta tana da hatsari, don ranar da masu ajiya suka taho gaba ɗaya babu bankin da ke da kuɗinsu a ƙasa, ko da kuwa bai ci amanar kowa ba. Shi ya sa aka kewaye banki da kariya, an tilasta masa ya riƙe wani kaso na jarinsa na kansa, an yi wa ajiyar mutane inshora (a Amurka tun 1933 aka kafa hukumar FDIC, yanzu tana tsaya wa mai ajiya har dala 250,000 a banki guda), sannan in ruwa ya ƙare wa ɗan kada babban banki na nan zai ranta masa. Shadow banking shine a yi wancan sana'ar ta gajere da dogo ba tare da wannan kariyar ba. Iyakar maganar kenan, sauran duk ƙarin bayani ne.

Bari in nuna miki yadda yake a aikace, don ni sai da na ga lissafin sannan na gane. Akwai abin da ake kira repo. Ki ɗauka kamfani yana da takardar bashi mai darajar dala 100. Sai ya kai ta jingina wajen wani asusu mai kuɗi a ƙasa, a ba shi 98 yau da yamma, gobe ya dawo da 98 da ɗan abin da ya hau ya karɓi takardarsa. Wannan 2 da aka rage 'yan kasuwar suna ce mata aski, wallahi haka suke kiranta a harshensu. Gobe in ta yi ba biya yake ya tafi ba, sake sabunta yarjejeniyar ake yi, jibi ma haka, shekara guda ana haka kullum. Kin ga shi mai ba da kuɗin kamar mai ajiya ne a banki, kullum yana da damar ya ce yau ba zan sabunta ba. Shi kuma kamfanin da 2 tasa kacal yake riƙe da kadarar 100. Ranar da tsoro ya shiga kasuwa mai kuɗi ya ce askin yau 10 ne ba 2 ba, dole kamfanin ya nemo 8 kafin a tashi aiki, in ba shi da ita ya sayar da takardun, kuma ba shi kaɗai ke sayarwa ba kowa ma sayarwa yake, farashi ya faɗi, mai kuɗi ya ƙara tsorata ya ƙara askin. Babu layi a ƙofar kowa, babu mai ihu, waya ce kawai aka daina ɗauka. Haka Bear Stearns, wani babban kamfanin hada hadar kuɗi na Amurka, ya durƙushe a Maris 2008 cikin ƙasa da mako guda, har JPMorgan ya saye shi da taimakon babban bankin Amurka, da farko akan dala 2 kowane hannun jari kafin a ɗaga zuwa 10.

Wanda ya fi ba ni mamaki ma shine na asusun kasuwar kuɗi. Wannan asusu ne da mutane da kamfanoni ke zuba kuɗi, kowane kaso dala ɗaya, ka cire duk ranar da ka ga dama ka samu dalarka da ɗan ƙari. An fara shi a Amurka a farkon shekarun 1970, kuma abin da ya sa ya karɓu shine a lokacin doka ta ƙayyade ruwan da banki zai iya ba mai ajiya, su kuma tunda ba banki bane dokar ba ta shafe su ba. Mutane suka ɗauke shi kamar asusun ajiya. Lehman Brothers, shi ma babban kamfanin hada hadar kuɗi na Amurka, ya bayyana karyewarsa ranar 15 ga Satumba 2008, washegari wani asusu mai suna Reserve Primary Fund da ke bin Lehman bashin dala miliyan 785 ya sanar cewa dalarka ta koma santi 97. Santi uku fa kacal. Amma da yake alƙawarin da mutane suka riƙe a ransu shine dala ba ta raguwa, sai aka yi rububin cire kuɗi daga irin waɗannan asusu gaba ɗaya, kafin mako ya ƙare sai da ma'aikatar kuɗin Amurka ta fito ta ce ta tsaya musu. Wato waɗanda ba su taɓa biyan kuɗin inshora ba aka ba su inshorar da rana tsaka, don in an bar su gobarar za ta ci har bankunan.

Ɗalibar_Tattali:

Kai Malam Allah ya saka da alheri, wlh misalin askin nan ya buɗe min kai. Amma akwai inda na sake rikicewa. A wani bayanin na ga an ce kusan rabin dukiyar harkar kuɗi ta duniya tana wajen bankuna, an sa har da kamfanonin inshora da asusun fansho a ciki, toh su ma duk shadow banking ne? In haka ne ai rabin duniya na cikin hatsarin da ka faɗa kenan. Kuma a sabbin rubuce rubuce sai na ga kalmar ma ta ɓace ana sa NBFI, abu ɗaya ne ko daban?

Tsohon_Akanta:

Tambayar nan ta yi kyau, kuma nan ne 'yan jarida da yawa ke tuntuɓe. Bayan rikicin, ƙasashen G20 sun kafa wata hukuma a 2009 da ake kira FSB, mazauninta a Basel ta ƙasar Suwizalan, aikinta sa ido kan lafiyar tsarin kuɗi na duniya. A 2011 ta ba kalmar ma'ana a hukumance, a taƙaice dai dillancin bashi da ake yi ta hannun kamfanoni ko hanyoyin da ke wajen tsarin banki na yau da kullum. Daga nan ta riƙa fitar da rahoto duk shekara, kuma mudu biyu take awo da su. Akwai babba, wanda ya haɗa duk wata cibiyar kuɗi da ba banki ba, inshora, fansho, asusun zuba jari, dillalan hannun jari, kowa da kowa, shine wannan kusan rabin da kika gani. Sai ƙarami, wanda aka tace aka bar waɗanda ke da hatsari irin na banki kaɗai, kuma shi bai kai ko rabin babban ba. Asusun fansho na asali ba ya cikin ƙaramin, dalili kuwa ba za ki iya tashi gobe ki ce a ba ki fanshonki duka ba, shi kansa kuɗin dogo ne, toh in ya ba da dogon bashi babu saɓani. Haka wanda ya ranta wa wani daga aljihunsa ko da da ruwa ne, ko da babu lasisi, wannan wata matsala ce daban amma ba ita ake nufi ba, tunda ba kuɗin wasu ya karɓo da alƙawarin mayarwa gobe ba.

Sai dai kar in yi miki ƙarya in ce layin a miƙe yake. A Satumba 2022 asusun fansho na Birtaniya ne suka kusa kifar da kasuwar takardun bashin gwamnatinsu, saboda sun shiga wasu yarjejeniyoyi na aro da ke buƙatar su ƙara jingina da tsabar kuɗi in farashin takardun ya faɗi, da ya faɗi bayan sanarwar kasafin gwamnati sai suka shiga sayarwa don su samu kuɗin, sayarwar ta ƙara kayar da farashin, labarin aski dai ya dawo da wata riga, har Bankin Ingila ya shigo ranar 28 ga watan yana saye. Shi ya sa ni ba na kallon sunan kamfani, abin da yake yi nake kallo. Kuɗin wa yake juyawa, yaushe mai kuɗin zai iya cewa a ba shi, kuma a ina aka binne su.

Maganar NBFI kuma, a Oktoba 2018 ita FSB ɗin da kanta ta sanar cewa ta daina amfani da shadow banking ta koma wannan, wanda ma'anarsa dillancin kuɗi ta hannun waɗanda ba banki ba. Dalilin shine irin fahimtar da ke da Malam Sarkin Gardama kuka yi da farko, kalmar tana sa a ɗauka ɓarayi ne. Bankin Ingila ma ya fi son cewa kuɗin da ake samowa ta kasuwa. Ni a ganina gyaran yana da gaskiyarsa amma ya zo da asara, tsohon sunan yana tuna maka cewa abin nan banki ne a siffa, sabon kuwa lami ne, ya zuba mai hatsari da marar hatsari a kwando ɗaya. 'Yan jarida dai har gobe tsohon suke amfani da shi don ya fi jan ido a kanun labari.

Ki kuma lura da ƙasar da ake magana a kai. In kin ga kalmar a labarin Chaina yawanci ana nufin wasu tsare tsaren zuba jari da bankunan da kansu ke sayar wa kwastomominsu a kan kanta amma ba sa sa su a littafin bankin, da kamfanonin amintattu da ke ba masu gine gine bashi, har hukumomi suka fito da sabbin ƙa'idoji a 2018 don rage abin. Wato a can inuwar a cikin bankin take kwance. A Indiya kuma in an faɗa ana nufin kamfanonin ba da bashi da ake kira NBFC, waɗanda babban bankin ƙasar ne ma ke yi musu rajista, kuma ɗaya daga cikin manyansu IL&FS ya kasa biyan bashi a 2018 ya girgiza sauran. Kalma ɗaya ce amma kowa da abin da yake nunawa da ita.

Maman_Biyu:

Ni dai ba masaniya bace amma abin da Baba Akanta ya faɗa ya taɓa faruwa da ni a ƙaramin mataki. Akwai wata manhaja da na sa kuɗi a ciki, komai nata kamar na banki, ga balans kana gani kullum yana ɗan ƙaruwa, ga maɓalli an rubuta cire kuɗi, na yi wata takwas ina sawa ina cirewa lafiya lau cikin minti biyu. Ranar da aka fara raɗe raɗi a kansu na danna maɓallin nan sai ya rubuto min wai buƙatata tana kan layi, kwana ɗaya, kwana uku, sai ga saƙo wai bisa sashe kaza na sharuɗɗan da na amince da su suna da damar jinkirta biya har kwana 90. Na koma na buɗe sharuɗɗan nan da ban taɓa karantawa ba, wlh ga shi nan ɓaro ɓaro, har da layin da ke cewa wannan ba ajiyar banki bace kuma babu inshora a kanta. Ba su gudu ba, daga baya sun biya ni a kashi uku, amma a wannan wata ukun na san me ake nufi. Ba ɓarayi bane, sun ba wasu kuɗinmu bashi ne mu kuma muka taho lokaci ɗaya.

Mai_Fassara:

Na ji daɗin zaren nan. Bari in sa baki a ɓangaren kalmar tunda shi ne abincina. Ƙanwata kin yi daidai da kunnenki ya ƙi "bankin inuwa". Matsalar ita ce Turanci yana da kalma biyu, ɗaya ta inuwar da ake fakewa a sha iska, ɗaya ta wadda ke bin mutum mai ɗan duhu da shakku, mu kuma kalma ɗaya muke da ita kuma mai daɗin ce ta fi rinjaye. In muka ce mutum yana ƙarƙashin inuwar wani ai kariya muke nufi, muna addu'ar Allah ya sa mu a inuwa, har suna muke raɗawa da ita. Toh kin ga bankin inuwa zai ba mai karatu akasin abin da ake so, zai ji kamar wuri ne mai aminci, alhali abin da ya bambanta su da banki shine su ne ba su da inuwar.

"Bayan fage" da "ɓoye" kuma sun yi nauyi, sun yanke hukunci. Na taɓa ganin an sa "bankunan bogi", wannan ma ya fi muni, bogi ai damfara ce. Ni abin da nake yi shine karon farko in kawo kalmar yadda take in bi ta da bayani, misali "harkar ba da bashi irin ta banki da ake yi a wajen bankuna", daga nan sai in riƙa cewa "masu aikin banki ba banki ba" ko "harkar bashi ta wajen banki". In NBFI ce kuma, wato babban mudun, sai in ce "cibiyoyin kuɗi da ba bankuna ba". Ya fi tsawo na sani, edita zai yi tsaki in kanun labari ne, amma gara tsawo da a fahimci wani abu daban. Na so "kishiyar banki" don tana da armashi, sai na tuna a 2008 da yawa daga cikinsu bankunan ne da kansu suka kafa su don su sauke basussuka daga littafinsu, kishiya kuwa ba a haifarta a ɗaki.

Sarkin_Gardama:

Toh na ji, na janye bayan fage. Amma Baba Akanta ka amsa min wannan, wanda ya ci riba shi kaɗai lokacin daɗi, da wuta ta tashi kuma aka kashe ta da kuɗin gwamnati, in ba a kira shi ɗan bayan fage ba me za a kira shi? Inuwar giginya kenan ai, na nesa ka sha.

Tsohon_Akanta:

Hahaha wannan kam ba ni da ja, kuma ita ce gardamar da masu tsara doka suke yi har yau, ko a ja su cikin dokar banki su biya kuɗin kariyar, ko a bar su duk wanda ya faɗi ya faɗi. Matsalar dai duk lokacin da aka matse banki da doka sai bashin ya zagaya ya fita ta wata ƙofar, yanzu ma abin da ake ta magana a kai shine asusun da ke ba kamfanoni bashi kai tsaye ba tare da banki ba, ya bunƙasa sosai bayan an tsaurara wa bankuna. A Maris 2020 da korona ta shigo ma sai da babban bankin Amurka ya sake tallafar asusun kasuwar kuɗin nan, kusan shekara goma sha biyu bayan rikicin 2008, alhali an ce an gyara.

Ɗalibar_Tattali:

Nagode muku gaba ɗaya. Na goge bankin inuwa, na sa "harkar bashi ta wajen banki" da bayanin Malam Mai Fassara a farko, misalin 100 da 98 ɗin ma na ɗauka. Saura repo, shi kam na bar shi repo na ce jinginar kwana ɗaya, in akwai wanda ya fi wannan a faɗa min kafin Alhamis.